Funmilayo Ransome-Kuti: Uwar Fela da ta fara da gaske bayan arba'in

Yawancinmu Fela muka sani. Uwarsa kuwa, in an tashi ba da labarinta, sai a ce ai ita ce mace ta farko da ta tuƙa mota a ƙasar nan, shi ke nan a wuce. Gaskiya an rage mata.

An haife ta a Abeokuta a 1900. Ta yi karatu har Ingila, ta dawo ta zama malama, ta auri Israel Ransome-Kuti a 1925, suka haifi 'ya'ya huɗu. Ƙungiyar matan da ta kafa a 1932 ma ta 'yan boko ce zalla, ana koyon ɗinki, ana shan shayi. Da nan ta tsaya, da yau ba mai tuna ta.

Sai da ta kai shekara 44, lokacin da a wurinmu ake cewa mace ta gama yayinta, ta zauna ta jira jikoki, sannan ta buɗe ƙofar ƙungiyar ga matan kasuwa, tana koya musu karatu da rubutu. A nan ta ji abin da ke ci musu tuwo a ƙwarya. Ana ƙwace musu shinkafa da sunan dokar lokacin yaƙi, ga haraji an ɗora wa mata, ga masu karɓarsa suna ci musu mutunci.

Abin da ya fi burge ni shi ne ta fara gyara ne daga kanta. Ta ajiye kayan Turawa, ta koma zane da ɗaurin ɗankwali irin na Yarabawa, don kada matan kasuwa su ga kamar ta fi su. Ga Turanci a bakinta kamar ruwa, amma ko gaban jami'an mulkin mallaka da Yarabanci take magana, sai dai su nemo tafinta.

A 1946 ƙungiyar ta zama ta matan Abeokuta baki ɗaya. Ita da kanta ta ƙi biyan harajin, aka kai ta kotu. A ƙarshen 1947 dubban mata suka yi zaman dirshan a ƙofar fadar Alake Ademola, nan suke kwana. A 1948 aka janye harajin mata, a Janairun 1949 kuma sarkin ya sauka daga gadon sarauta, ko da yake daga baya ya dawo. Tana da shekara 48 ke nan fa.

Mijinta ya rasu a 1955, amma ba ta naɗe tabarma ba. Ta je har ƙasar Sin, abin da ya sa hukuma ta ƙi sabunta mata fasfo. Da jam'iyyarta ta NCNC ta hana ta takara a 1959, sai ta tsaya da ƙafarta. Ta faɗi zaɓen kam, suka kuma kore ta. Hajiya Gambo Sawaba ma, tana ƙuruciya, takanas ta je Abeokuta don ta gan ta.

A Fabrairun 1977 sojoji suka afka wa gidan Fela a Legas, suka wurgo ta ta tagar bene, tana da shekara 76. Ba ta ƙara samun lafiya ba har ta rasu a Afrilun 1978.