Umaru Ganda: Ɗan dakon da ya ƙwaci bakinsa

Duk lokacin da ake zancen tarihin fim a wannan yanki namu, akasari daga Kano ake farawa, a shekarar 1990 da aka yi Turmin Danya. Amma shekara 18 kafin nan, wani ɗan Jamhuriyar Nijar ya riga ya ɗauki babbar kyautar fim ta nahiyar Afirka. Sunansa Umaru Ganda, Bazabarme, haifaffen Yamai a 1935.

Bai yi nisa a karatun boko ba. Yana da shekara 16 ya shiga sojan Faransa, aka kai shi yaƙin Indocina, wato yankin Biyetnam na yau. Da ya dawo bai sami abin yi a gida ba, sai ya bi sahun 'yan ci-rani zuwa Abijan, ya kama dako a tashar jiragen ruwa. A can ya haɗu da Jean Rouch, Bafaranshe mai nazarin al'adu, wanda ya sanya shi tauraro a fim ɗin Moi, un noir na 1958, ma'ana "Ni, baƙar fata". Fim ɗin ya ci kyauta a Faransa, ya kuma ɗaga sunan Rouch. Rayuwar ta Ganda ce, muryar ma tasa ce, amma harshen Faransanci ne, kuma kyamara da almakashin tace hoto suna hannun wani.

A matsayina na mai nazarin harshe, a nan nake ganin darajar mutumin take. Da ya koma Yamai ya koyi aikin a cibiyar al'adu ta Faransa da Nijar, fim ɗinsa na farko, Cabascabo, da Zabarmanci ya yi shi, shi ne kuma ya fito a matsayin jarumin. Labarin tsohon soja ne da ya dawo daga Indocina da 'yan kuɗinsa, abokai da mata suka yanyame shi, da aljihu ya bushe kowa ya watse. Kusan labarin da ya taɓa ba Rouch ne, sai dai wannan karon shi ya zaɓi inda za a tsaya da abin da za a yanke. A 1969 aka nuna fim ɗin a bikin Cannes, ya kuma sami kyauta a Mosko. Zaɓen harshen nan ba ƙaramar kasada ba ce, domin kuɗi da kayan aiki da masu yabo duk daga Faransa suke fitowa a wancan zamani.

Daga nan ya juya ga al'ummarsa, kuma bai yi mata sassauci ba. Le Wazzou polygame ya ɗauko wani Alhaji da ya dawo daga Makka ya auri yarinyar da aka riga aka yi wa wani saurayi alkawarinta, ya mai da ita ta uku, kishi ya kai ga zubar da jini. Kalmar "wazzou" ɗin nan 'yar'uwar "wa'azi" ce tamu, duka daga Larabci aka aro su. Wannan fim ne ya ci babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu a 1972, karo na farko da aka fara bayar da ita. Saïtane da ya biyo baya ya tona asirin malamin tsibbu mai haɗa matar aure da attajiri. Mai son ya yi irin waɗannan finafinai a yau sai ya yi tunani sau biyu, alhali Ganda ya yi su yana zaune cikin mutanen da yake suka.

Fim ɗinsa L'Exilé ya fito a 1980. Ranar 1 ga Janairun 1981 ciwon zuciya ya ɗauke shi yana da shekara 45. Bayan rasuwarsa aka sanya sunansa ga wata cibiyar al'adu a Yamai, FESPACO kuma ta ƙirƙiro kyauta da sunansa, wadda ake ba darektan da fim ɗinsa na farko ya fi na sauran. Allah Ya jiƙansa.