Koriyolis, Mutumin da Ya Auna Aiki

An haifi Koriyolis a birnin Faris, a ƙasar Faransa, cikin shekarar 1792. Mutum ne marar cikakkiyar lafiya, amma Allah ya hore masa basirar lissafi, har ya zama malami a babbar makarantar injiniyoyi ta birnin.

A zamaninsa masu injuna suna bukatar hanyar auna wahalar da inji ya ɗauke musu. Cikin 1829 ya wallafa littafi, ya kira wannan awo aiki, watau ƙarfi sau nisan da kaya suka tafi.

Ku dubi marini a karofin Ƙofar Mata, a Kano, yana ciro zane daga ramin baba. Ƙarfinsa yana iya rabuwa uku: wani gaba, wani gefe, wani sama. In sama sosai zanen ya tafi, ƙarfin sama kaɗai ake lissafawa. In ya ɗaga shi ƙafa huɗu maimakon biyu, aikinsa ya ninka.

Koriyolis ya rasu cikin 1843. Har yau da wannan ƙa'ida injiniyoyi suke auna aikin injuna.