Mai Wurno, ɗan sarkin da ya kafa ƙauye a bakin Nilu

Yara, ku buɗe taswirar Afirka, ku ɗora yatsa a kan Sakkwato. Ku ja shi gabas, ku wuce tafkin Cadi, ku ci gaba har Khartum ta ƙasar Sudan. A nan ne koguna biyu suke haɗuwa, Farin Nilu da Shuɗin Nilu. In kun bi Shuɗin Nilu wajen kudu, tafiyar kamar kilomita 300, za ku tarar da wani gari kusa da Sannar, ana ce masa Mai Wurno. A garin nan ana jin Fulatanci da Hausa. Ga yadda aka yi.

Sunan garin sunan mutum ne. Muhammadu Bello, wanda ake kira Mai Wurno, ɗan Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya ne. Attahiru ɗan Ahmadu ne, Ahmadu ɗan Atiku, shi kuma Atiku ɗan Shehu Usmanu ɗan Fodiyo. Wurno kuwa wani gari ne kusa da Sakkwato.

Mahaifinsa ya hau gadon sarauta a shekarar 1902, lokacin da ƙasa ba ta zaune lafiya. Faransawa sun riga sun shiga Damagaram tun 1899. A watan Maris na 1903 sojojin Ingila suka ci Sakkwato. Attahiru ya ƙi zama a ƙarƙashinsu, ya yi hijira ya nufi gabas, hanyar Makka. Dubban mutane suka bi shi, malamai da manoma, mata da yara. Wasu ko rumbunansu ba su tsaya kwashewa ba.

Turawa suka bi sawunsu. Ranar 27 ga Yuli 1903 aka yi yaƙi a Burmi, cikin ƙasar Gwambe. Aka kashe Sarkin Musulmi tare da ɗaruruwan mutanensa. Mai Wurno ya tsira.

To, ina za shi? Baya ba gida, gaba kuma nisa. Sai ya tara sauran jama'ar mahaifinsa, suka ci gaba da tafiyar da aka fara. Babu mota, babu jirgi, sai ƙafa da jaki. Masu bin wannan hanya sukan tsaya in damina ta faɗi, su yi noma, su sami guzuri, in kaka ta yi su ɗaura kaya. Wanda ya rasu a binne shi a gefen hanya, wanda aka haifa a goya shi a wuce. Shekara uku suka yi kafin su ga Shuɗin Nilu. A 1906 suka sauka kusa da ƙauyen Shaihu Ɗalha, wanda shi ma asalinsa Bafillace ne.

Ga wani abin mamaki: mutanen da suka guje wa, su suka tarar a can. Tun 1898 sojojin Ingila da na Masar suka ci birnin Umdurman, wanda yake tsallaken kogi daga Khartum, suka kama mulkin Sudan. Mai Wurno ya ga abin da bindiga ta yi a Burmi, bai sake ɗaukar makami ba. Ƙasar noma ya nema. Da farko Turawa suna tsoronsa, suna sa masa ido. Daga baya suka ga suna bukatar hannuwan aiki, suka yarda da shi a matsayin sarkin Fallata. Fallata shi ne sunan da mutanen Sudan suke kiran Fulani da Hausawa da Barebarin da suka zo daga yamma.

Jama'arsa suka sare daji a bakin kogi, suka gina bukkoki da masallaci, suka shuka dawa. Masu su suka shiga ruwa, malamai suka buɗe makarantun allo. Ƙauyen ya zama masaukin alhazai. Baƙo yakan huta a nan kafin ya wuce Sawakin, inda ake shiga jirgin ruwa zuwa Jidda. Da yawa sun sauka da niyyar kwana kaɗan, suka yi aure, suka zauna.

A 1925 aka gama ginin madatsar ruwa ta Sannar, aka buɗe manyan gonakin auduga na Jazira. Fallata suka yi aiki a cikinsu ƙwarai, daga shuka har tsinka. Ƙauyen ya ƙara cika, wasu suka fita suka kafa sababbin ƙauyuka a gefen kogin.

Mai Wurno ya rasu a 1944, bai sake ganin Sakkwato ba. Ɗansa Muhammadu Ɗahiru ya gaje shi. Jikokin mutanensa sun bazu har Gadarif da Khartum da Umdurman. Ƴaƴansu da Larabci suke karatu a makaranta, kamar yadda kuke yi da Faransanci, amma in sun koma gida, da yawa daga cikinsu da Fulatanci ko Hausa suke gaida kakanninsu.