Maksimiliyan: Sarkin da Faransa ta naɗa wa Meziko da bakin bindiga

'Yan uwa, yau tarihin wani ɗan sarki zan ba ku, wanda rawanin aro ya ci ransa. Sunansa Maksimiliyan, an haife shi a 1832, ƙani ne ga Sarkin Ostiriya, Franz Joseph.

A 1861 shugaban Meziko, Benito Juarez, ya dakatar da biyan bashin Turawa saboda baitulmali ya bushe. Faransa da Birtaniya da Sifaniya suka tura sojoji. Da Birtaniya da Sifaniya suka gane Sarkin Faransa, Napoleon na Uku, ƙasar yake so ba bashi ba, sai suka janye. Sojojinsa sun sha kashi a Puebla ranar 5 ga Mayu 1862, amma suka ƙaro ƙarfi suka kama babban birnin a 1863. A 1864 aka kawo Maksimiliyan da matarsa Carlota, aka ɗora shi a gadon sarauta.

To me ya kayar da shi? A ganina, bai taɓa samun jama'ar kansa ba. Masu hannu da shuni da manyan coci da suka gayyato shi sun so ya maido da filayen cocin da gwamnati ta ƙwace, ya ƙi, suka juya masa baya. Magoya bayan Juarez kuwa tun farko ɗan amshin shatan Faransa suka ɗauke shi, suka yi ta yaƙin sari-ka-noƙe. A 1865 ya sa hannu a dokar kashe duk wanda aka kama da makami, ƙiyayya ta ƙaru.

A shekarar ne Amurka ta gama yaƙin basasarta, ta matsa wa Faransa lamba. Ga kuɗi na zurarewa, ga Jamusawan Prussia na ƙara ƙarfi a maƙwabta. Napoleon ya kwashe sojojinsa a farkon 1867. Carlota ta je Turai roƙo, ba wanda ya saurare ta, har ta samu taɓin hankali.

Maksimiliyan ya ƙi gudu. Aka kama shi a Queretaro, aka harbe shi ranar 19 ga Yuni 1867, yana da shekara 34. Ni dai tausayinsa nake ji, don ba rago ba ne. Amma kayan aro ba ya rufe katara, kuma wanda baƙo ya naɗa, ran da baƙon ya tafi, sarautar ta bi shi.