Ɗan Kasawa, sarkin da ya rasa Katsina ya samu Maraɗi

 Yaranmu sukan tambaya: don mi ake ce ma sarkin Maraɗi Sarkin Katsina, alhali birnin Katsina yana Najeriya? Amsar tana cikin rayuwar mutum guda, Ɗan Kasawa, kuma shi munka ɗauko a filin tarihinmu na wanga mako.

Ɗan Kasawa ɗan Sarkin Katsina Agwaragi ne, daga gidan da ke jingina asalinsa ga Muhammadu Korau. Gidan ya yi ɗaruruwan shekaru yana riƙe da Katsina. A wancan lokaci ƙasar Katsina ba ta tsaya inda iyaka take yau ba. Ta haɗa har da wanga kwari namu na Gulbin Maraɗi da Tasawa, sai dai nan gefen ƙasa ne, daji da ƴan ƙauyukan manoma da maharba.

Wajen 1807 mayaƙan jihadin Shehu Usmanu ɗan Fodiyo sunka ci birnin Katsina, Malam Ummarun Dallaje ya zama sarki. Sarkin da anka kora, Magajin Haladu, ya ja da baya zuwa Ɗankama. Da anka ci su yaƙi a can, ya faɗa rijiya ya mutu. Sauran manyan fada da sunka tsira ba su yarda sarauta ta mutu tare da shi ba. Sunka naɗa Ɗan Kasawa. Ga sarki, ga suna, amma ba birni, ba gona, ba mai biyan haraji.

Daga nan ya nufi gabas, ya fake a ƙasar Damagaram, daga baya ya zauna Gafai. Shekara kamar 12 ya yi a wannan hali. Duk wanda ya taɓa zaman baƙunta ƙasar wasu ya san nauyin abin, balle ga mutumin da aka haifa a fada. Abin da ya riƙe a shekarun nan shi ne sunan Sarkin Katsina da jama'ar da sunka biyo shi.

A halin nan kuwa, sabuwar gwamnatin Katsina ta ɗora wani wakili mai suna Mani a kan Maraɗi. Mutanen kwarin ba su ji daɗin riƙonsa ba. Wajen 1819 sunka yi tawaye, sunka kashe shi, sunka aika ma Ɗan Kasawa ya zo. Nan ne ya kamata mu tsaya mu lura. Ɗan Kasawa bai ci Maraɗi da takobi ba. Talakawan wannan ƙasa ne sunka buɗe masa ƙofa, su da ƙasar noma, shi da suna da dawaki da sanin yaƙi. Kowa ya kawo abin da ɗan uwansa ya rasa.

Da ya zauna, sai ya sake shimfiɗa fadar Katsina a Maraɗi yadda ya san ta. Kaura, Galadima, Ƴandaka da Durbi su ne manyan da ke zaɓen sarki. Akwai kuma Iya, babbar mace ta gidan sarauta, mai riƙe da sha'anin mata da na bori. Garuruwa anka rarraba ma masu sarauta, su tara haraji, su kawo mayaƙa idan an buga tambari. Shi ya sa sunan sarauta ya bazu ko'ina a yankinmu. Ko sunan garinmu, Sarkin Yamma, ai sunan sarauta ne.

Burinsa guda ne: komawa Katsina. Ya yi ta kai hari kudu har ya rasu wajen 1830, bai sake shiga birnin kakanninsa a matsayin sarki ba. Magadansa sun ɗora daga inda ya tsaya. Rauda ya faɗi a yaƙin Gawakuke a 1836 tare da Sarkin Gobir Ali, a hannun rundunar Sarkin Musulmi Muhammadu Bello. Bayan wannan ne Gobirawa sunka kafa Tsibiri a maƙwabtaka da Maraɗi. Ɗan Mari da Ɗan Baskore su ma sun yi ta gwadawa. Ba wanda ya karɓo birnin. Ita kuwa talakawa ta ci, na nan da na can: gonaki sun ƙone, an kama mutane bayi ta kowane ɓangare. Wannan ma tarihi ne, bai kamata mu ɓoye shi ba.

Daga baya Faransa da Ingila sunka ja iyaka a farkon ƙarni na 20, Maraɗi ta faɗo Nijar, Katsina ta faɗa Najeriya. Ambaliyar 1945 ta ci tsohon garin da ke cikin kwari, aka koma bisa tudu. Amma sunan da Ɗan Kasawa ya ɗauko daga Ɗankama yana nan har gobe, kuma yau hanyar Ɗan Isa da Jibiya zumunta da fatauci take ɗauka, ba mayaƙa ba.

Darasin da munka gani shi ne, sarki da kansa sai da ya samu ƙasa sannan ya zauna da gindinsa. Gonakin fadama da na jigawa da muke nomawa yau, kakanninmu sun biya su da jini. Ƴan uwa da ke waje, kafin ku bugo waya ku ce a sayar da gonar gado, ku tuna da wannan. A zauna da dattawan gida, a san iyakar kowa, a je wajen mai gari da hukumar kula da filaye a yi takarda.

Wanda kakansa ya bar masa wani labari na zamanin Ɗan Kasawa, ƙofar gidan rediyo a buɗe take. Allah Ya jiƙan magabata, Ya ba mu damina mai albarka.