Tarihin Likita Rukhmabai Ta Ƙasar Indiya

An haifi Rukhmabai a birnin Bombai, wanda yanzu a ke kira Mumbai, cikin shekarar 1864, sa'ad da Indiya ta ke hannun Turawan Ingila. Ubanta ya rasu tana ƙarama, uwarta kuwa ta sake aure da wani likita, Sakharam Arjun. Tana da shekara 11 aka ɗaura mata aure da Dadaji Bhikaji, saurayi ɗan shekara 19, bisa al'adar mutanensu mabiya addinin Hindu. Amma ba ta tare ba. Ta zauna gidan mijin uwarta tana karatu, shi kuwa Dadaji ya yi watsi da makaranta. Da ta yi hankali ta dubi halinsa, sai ta ƙi zuwa gidansa.

A 1884 Dadaji ya kai ƙara Babbar Kotun Bombai, yana neman a tilasta mata ta tare. Tun ba a yanke shari'a ba ta riƙa aika wa jarida wasiƙu a kan wahalar auren ƙuruciya, tana ɓoye sunanta. A 1885 Alƙali Pinhey ya kori ƙarar. Hujjarsa ita ce, dokar da a ke mai da mace ɗakin mijinta da ita daga Ingila aka kawo ta, an kuwa yi ta ne don ma'auratan da suka yarda da juna suka zauna tare, sa'an nan ɗaya ya gudu. Ita ko wannan an aurar da ita tun ba ta san abin da aure ya ke ba, ba ta kuwa taɓa kwana gidan mutumin ba, balle a ce a mai da ita. A ganinmu alƙalin nan ya yi daidai ƙwarai.

To, amma malamanmu masu rubutu a ɗakunan shari'a sun sani hukuncin fari ba shi ne na ƙarshe ba. Mutane da yawa suka tashi, suna cewa Bature ya taɓa musu addini. Dadaji ya ɗaukaka ƙara, aka soke hukuncin a 1886, aka sake zama. A watan Maris 1887 Alƙali Farran ya umurce ta ta koma wurin mijinta, in ta ƙi kuwa a ɗaure ta wata 6. Abin mamaki, a Ingila inda dokar ta fito, tun 1884 an daina ɗaure mutum saboda irin wannan ƙi. Rukhmabai, tana 'yar shekara 22, ta zaɓi kurkuku. Nan fa aka rasa yadda za a yi da ita, gama maganar ta riga ta kai jaridun Landan. Ba a ɗaure ta ba. A 1888 aka sasanta, Dadaji ya karɓi rufi 2,000 ya janye. Shari'ar nan tana cikin abubuwan da suka jawo dokar 1891, wadda ta hana miji kusantar matarsa sai ta kai shekara 12, maimakon 10.

A 1889 ta tafi Landan koyon aikin likita, ta gama a 1894. Ta komo ta shugabanci asibitin mata a Surat, daga baya ta yi aiki a Rajkot, har ta huta a 1929. Ba ta sake aure ba, domin Dadaji haƙƙinsa kaɗai ya bari, igiyar ba ta tsinke ba. Da ya mutu a 1904 sai ta ɗaura farin zane irin na matan Hindu da mazansu suka mutu. Ta rasu ran 25 ga Satumba, 1955, tana da shekara 90.