Jean-Philippe Rameau, makaɗin da ya tsara ƙa'idar haɗa sauti

An haifi Jean-Philippe Rameau a birnin Dijon na ƙasar Faransa a shekarar 1683. Mahaifinsa makaɗin ogan ne a majami'a, kuma sana'ar da ɗan ya gada ke nan. Ya shafe shekaru yana kiɗa a garuruwan Avignon da Lyon da Clermont ba tare da ya yi wani suna ba.

To sai dai a shekarar 1722 ya wallafa wani littafi a birnin Paris mai suna Traité de l'harmonie, wanda ya sauya yadda Turawa ke fahimtar kiɗansu. Shi dai Rameau ya lura cewa idan aka buga sauti uku a tare, kamar do da mi da so, to haɗin ɗaya ne ko da wanne daga cikinsu aka sa a ƙasa, domin tushensa do ne. Kafin zamaninsa akasarin makaɗa na ɗaukarsu a matsayin haɗi daban-daban, kowanne da nasa hukunci. Daga nan ya nuna cewa tafiyar waɗannan tushe ita ce ke jan ragamar waƙa, musamman idan aka sauko daga haɗin da ke kan mataki na biyar zuwa na farko, inda mai sauraro kan ji tamkar matafiyi ya iso gida. Har yau mai koyon tsara waƙa a kan piyano kan haɗu da wannan darasi, ko da kuwa bai taɓa jin sunan Rameau ba.

Abin mamaki, sai da ya kai shekaru 50 ya fitar da babban wasan waƙe na opera na farko, Hippolyte et Aricie, a 1733. Magoya bayan marigayi Lully suka yi masa ca, suna ganin lissafi ya yi wa kiɗan nasa yawa. Duk da haka a 1745 aka naɗa shi mai tsara kiɗa a fadar Sarki Louis na 15.

Mutum ne mai kafiya, kuma ya ƙare rayuwarsa cikin cacar baki da masana irin su Rousseau da d'Alembert. Ya mutu a Paris ranar 12 ga watan Satumban 1764. Ba a jima ba aka daina nuna wasanninsa, har sai bayan fiye da shekaru 100 da makaɗa irin su Saint-Saëns da Debussy suka farfaɗo da ayyukansa.